Amitabh Bachchan: aktan da ya yarda ya mutu, ya kuma yarda ya tsufa

Duk wanda ya tashi a zamanin da ake cika ɗaki da yara a kunna musu kaset ɗin Indiya ya san wata doka da ba a rubuta ta ko'ina ba: akta ba ya mutuwa. Bos zai kama shi, ya sa a ɗaure shi, yaransa su jibge shi har jini ya wanke masa fuska, amma hankalin kowa kwance yake, domin an san daga ƙarshe zai miƙe. Mutumin da ya dinga karya mana wannan doka shi ne dogon nan mai kakkaurar murya da muke kira Amita. Ya mutu a Deewaar, ya mutu a Sholay, ya mutu a Muqaddar Ka Sikandar da Shakti da Agneepath. Kowace mutuwa kuma ƙara masa kwarjini ta yi a idonmu.

Yau shekarunsa sun haura 80, kuma ya shafe sama da shekara 55 a gaban kyamara. Sa'anninsa da yawa sun rasu, wasu sun daɗe da komawa gefe, shi kuwa har yanzu ana rubuta labari domin shi. Masana'antar fim ba ta da kara, da zarar furfura ta fito sai ta nemi sabon jini. To yaya aka yi wannan mutum ya tsallake? Amsar tana cikin abubuwa biyu: lokacin da ya fito, da kuma shawarar da ya yanke ranar da komai ya kuɓuce masa.

An haife shi ranar 11 ga Oktoban 1942 a birnin Allahabad, wanda yanzu ake kira Prayagraj, a arewacin Indiya. Mahaifinsa, Harivansh Rai Bachchan, yana cikin manyan marubuta waƙoƙin harshen Hindi na ƙarni na 20, mahaifiyarsa Teji kuma 'yar gidan mabiya addinin Sikh ce. Asalin sunan gidan Srivastava ne, suna da ke nuna rukunin da mutum ya fito a tsarin nan na Indiya mai rarrabe mutane bisa asalin haihuwa. Uban bai yarda da wannan tsari ba, sai ya ɗauki laƙabin da yake sa hannu da shi a waƙoƙinsa ya mayar da shi sunan iyali. Yaron ya tashi a gidan da ake karanta waƙa da ƙarfi, ake kula da yadda kowane harafi ke fita daga baki. Wannan tarbiyya ita ce jarinsa na farko.

Ya yi makarantar kwana ta Sherwood a Nainital, ya yi digiri a kwalejin Kirori Mal ta Jami'ar Delhi, sannan ya kama aikin ofis a Kalkata. Ya taɓa neman aiki a gidan rediyon gwamnati aka ƙi ɗaukarsa. A 1969 ya ajiye albashinsa ya nufi Bombay. Aikinsa na farko a fim muryarsa kaɗai aka ji, yana ba da labari a wani fim na Mrinal Sen. A shekarar dai ya fito a Saat Hindustani na Khwaja Ahmad Abbas. Ya yi fice a Anand a 1971 a matsayin likita, amma fim ɗin na Rajesh Khanna ne, shi mai rufa baya ne. Har an taɓa ba shi rawar bebe a wani fim na wannan shekara. Daga nan finafinansa suka dinga kwantai ɗaya bayan ɗaya, wajen goma sha biyu. Furodusoshi na ganin ya cika tsawo, ya cika rama, fuskarsa kuma ba irin wadda 'yan mata ke liƙawa a bango ba ce.

Kafin a gane abin da ya faru a 1973 sai an san wanda ke riƙe da kasuwa a lokacin. Rajesh Khanna ne, sarkin soyayya, wanda daga 1969 zuwa 1971 ya jera finafinai 15 duk suka yi kasuwa. Murmushi, karkatar da kai, waƙa a cikin lambu, shi ke nan an gama da masu kallo. Sai dai ƙasar da ke wajen silima ta fara sauya fuska. Firaminista Indira Gandhi ta ci zaɓen 1971 da alƙawarin kawar da talauci. Ba a jima ba fari ya afka wa wasu jihohi, farashin man fetur ya yi tashin gwauron zabi a duniya a 1973, tsadar kaya a Indiya ta haura kashi 20 cikin 100 a 1974. 'Yan kasuwa na ɓoye hatsi, 'yan sumoga na fantamawa a Bombay, matasa masu digiri na gararamba a titi. A watan Mayun 1974 ma'aikatan jirgin ƙasa sama da miliyan ɗaya suka tafi yajin aiki, gwamnati ta murƙushe shi da kame. A Yunin 1975 babbar kotun Allahabad, garin su Amitabh, ta soke zaɓen Indira, ita kuma ta kafa dokar ta-ɓaci da ta kai har Maris ɗin 1977. Saurayin da ya wuni a layin kananzir ba zai shiga silima da daddare ya ga kansa a jikin mai tsinkar fure ba.

Waɗanda suka fara shinshino wannan su ne wasu marubuta biyu, Salim Khan, mahaifin Salman Khan, da Javed Akhtar. Sun rubuta labarin wani ɗan sanda mai suna Vijay, wanda aka kashe iyayensa a gabansa yana yaro, ya girma da ƙunci a zuci. Manyan jarumai irin su Dev Anand da Raaj Kumar suka ƙi karɓa. Marubutan suka matsa wa darakta Prakash Mehra ya ɗauki wannan dogon da kasuwa ta juya wa baya. Fim ɗin, Zanjeer, ya fito a 1973. Jarumin ba ya dariya, ba ya rawa, ko waƙa ɗaya bai rera ba, abin da a fim ɗin Indiya na wancan zamani kamar a ce an yi biki ba kiɗa ne. Mutane suka yi tururuwa. A watan Yunin shekarar ya auri Jaya Bhaduri, wadda ta yarda ta fito tare da shi alhali ita ce ta fi shi suna.

A nan ya kamata a dakata a kan Deewaar na 1975, domin a ganina shi ne mabuɗin gane mutumin. A nan ma sunan jarumin Vijay ne. Mahaifinsa shugaban ƙungiyar ƙwadago ne da aka tilasta masa sayar da 'yan'uwansa ma'aikata don ya ceci iyalinsa. Kunya ta kore shi daga gari, fusatattun ma'aikata kuma suka kama ɗansa suka zana masa a hannu cewa ubansa ɓarawo ne. Uwa ta kwashi 'ya'ya biyu zuwa Bombay, tana dakon bulo a wurin gini, suna kwana a ƙarƙashin gada. Babban ya koma goge takalmi, daga baya dako a tashar jiragen ruwa, don ƙanensa ya yi karatu. Ƙanen ya zama ɗan sanda, yayan ya zama ɗan sumoga. Da ya yi kuɗi sai ya sayi ginin nan da uwarsa ta yi wa dakon bulo. Amma da aka zo zaɓi, uwa ta bi ɗan da ke kan gaskiya, ta bar wanda ya fi sonta a cikin ƙaton gida shi kaɗai.

Abin da ya sa wannan labari ya kama zuciya daga Bombay har Kano shi ne an bar mai kallo yana tsaka mai wuya. Hankalinsa na gaya masa ƙanen ne ke da gaskiya, zuciyarsa na tare da yayan. Fim ɗin ya bar Vijay ya faɗi duk abin da talaka ke son faɗa wa masu hannu da shuni, sannan ya kashe shi a cinyar uwarsa domin doka ta tsaya. Ga dalilin da ya sa wannan akta ke mutuwa: fushinsa na gaskiya ne, hanyarsa kuma ba mai ɓullewa ba ce, kuma marubutan ba su yi wa mai kallo ƙarya a kan ko ɗaya ba. Akwai kuma lambar dakonsa, 786, wadda Musulmin Indiya da Pakistan ke ɗauka a matsayin jimillar haruffan Bisimillah a hisabi. Wani dattijo Musulmi ne a fim ɗin ya gaya masa darajarta, ya riƙe ta kamar laya, kuma ranar da ta faɗi daga aljihunsa ranar harsashi ya same shi.

Da yawa sun yi rawar mai fushi kafin shi da bayansa, amma nasa daban ne, domin ba ihu yake yi ba. Zai tsaya cak, kafaɗa a sake, ido jajir, ya yi magana a hankali kamar mai danne wani abu da ƙirji. Sai ka ji kai ne kake jiran ya fashe. A nan tarbiyyar gidan waƙa ta yi aikinta: ya san inda zai ja numfashi, inda zai yi shiru, inda zai sauke kalma. Ina tausaya wa matasan da fassarar Hausa kaɗai suka san shi da ita. Masu fassarar suna ƙoƙari ƙwarai, sun kai labaran nan lungunan da da ba za su kai ba, amma idan aka cire muryar Amitabh an cire rabinsa. Iyayenmu da suka kalle shi a silimomin Marhaba da Plaza da El-Dorado ba su jin Indiyanci, amma muryar ta isar musu da saƙon.

Sholay ya biyo baya a watan Agustan 1975, ya yi sama da shekara biyar ana nuna shi a silimar Minerva ta Bombay. Daga nan darakta Manmohan Desai ya fito da ɗaya ɓangaren nasa, na barkwanci da rawa, a Amar Akbar Anthony a 1977. Shekarar 1978 kuwa tasa ce baki ɗaya, da Don da Trishul da Muqaddar Ka Sikandar. Sai dai wannan ɗaukaka ta zo da illarta, kuma bai kamata masoyinsa ya ɓoye ba. Da furodusoshi suka ga sunansa kaɗai na cika silima, sai suka daina wahalar neman labari. Shi ne mai faɗa, shi ne mai ban dariya, shi ne mai soyayya, sauran 'yan wasa suka zama 'yan rakiya. Mata ne suka fi cutuwa, domin rawar jaruma ta ƙanƙance ta koma waƙa biyu da kuka ɗaya. Salim da Javed kuma suka raba gari a farkon shekarun 1980, tushen kyawawan labaran ya ƙafe.

Ranar 26 ga Yulin 1982, ana ɗaukar Coolie a Bangalore, aka zo wurin faɗa tsakaninsa da wani sabon ɗan wasa, Puneet Issar. Ya yi tsalle ya faɗa, cikinsa ya bugi kusurwar tebur. Raunin ya yi muni a ciki, aka yi masa tiyata a can, sannan aka garzaya da shi asibitin Breach Candy a Bombay, inda a ranar 2 ga Agusta likitoci suka kusa fid da rai. Indiya ta tsaya cik. Masallatai da majami'u da wuraren bautar Hindu suka cika da masu addu'a, Firaminista Indira da kanta ta je dubiya. Ya yi kusan wata biyu a kwance. Asalin labarin fim ɗin, Iqbal, ɗan dakon tashar jirgin ƙasa mai lamba 786, zai mutu ne a ƙarshe. Manmohan Desai ya sauya, domin ba zai yiwu a kashe a fim mutumin da ya tsallake mutuwa a zahiri ba. Ya kuma tsayar da hoton a daidai inda aka ji raunin, ya rubuta a kai don masu kallo su gani. Abin da ba a sani ba a lokacin shi ne a cikin jinin da aka ƙara masa akwai mai ɗauke da ciwon hanta nau'in B. Sai bayan kusan shekara 20 aka gano, kuma shi da bakinsa ya ce kashi uku cikin huɗu na hantarsa ta lalace.

Siyasa ita ce kuskurensa na farko babba. Gidansu da gidan Nehru, mahaifin Indira, aminai ne tun Allahabad, shi da ɗanta Rajiv Gandhi kuma tare suka taso. Da aka kashe Indira a Oktoban 1984, ya amsa kiran abokinsa ya tsaya takarar majalisa a Allahabad, ya kayar da gogaggen ɗan siyasa H. N. Bahuguna da kusan kashi 68 cikin 100 na ƙuri'u. Bai kai shekara uku ba ya ajiye kujerar a 1987, bayan an jefa sunansa a badaƙalar cinikin bindigogin Bofors na ƙasar Suwidin. Ba a taɓa kama shi da laifi ba, kuma a 2012 tsohon shugaban 'yan sandan Suwidin da ya jagoranci binciken ya ce cusa sunan aka yi. Amma tabon ya zauna, kuma tun daga nan bakinsa ya mutu a kan al'amuran ƙasa. Wannan shiru na damun wasu masoyansa, har da ni, musamman a shekarun nan da Musulmin Indiya ke cikin matsi, su da suka ɗauki mai lamba 786 a matsayin nasu.

Da ya koma fim sai ya tarar ƙasa ta zame. Agneepath ya kawo masa lambar yabo ta ƙasa a 1990 amma bai yi kasuwar da aka sa rai ba. Bayan Khuda Gawah, wanda aka ɗauki wani ɓangarensa a Afganistan ya fito a 1992, sai ya ja da baya har shekara biyar. A cikin waɗannan shekaru Indiya ta buɗe tattalin arzikinta tun daga 1991, tashoshin tauraron ɗan'adam suka shigo gidaje, masu matsakaicin hali suka yawaita, Indiyawan Landan da Amurka suka zama babbar kasuwa. Waɗannan ba ɗan dako mai fushi suke nema ba. Suna son bikin aure, gidaje masu bene, soyayya a tsaunukan Turai. Aamir da Salman da Shah Rukh suka gaje fagen.

Kuskure na biyu shi ne kasuwanci. A tsakiyar shekarun 1990 ya kafa kamfanin ABCL da burin mayar da harkar fim tsararren kamfani mai shirya fim, rarraba shi, sayar da waƙoƙi da shirya taruka. Tunanin ya riga zamaninsa, domin haka masana'antar ta koma daga baya, amma gudanarwar ta yi rauni, an kashe kuɗi kamar ba gobe. Kamfanin ya ɗauki nauyin gasar sarauniyar kyau ta duniya a Bangalore a 1996, zanga-zanga ta ɓarke har aka kai wani sashe na gasar tsibirin Seychelles, aka tashi da asara. Fim ɗin da ya dawo da shi a 1997, Mrityudaata, ya kwanta warwas. Bashi ya kai kimanin rupi miliyan 900, masu bin bashi na sintiri a ƙofa, banki na neman ƙwace Prateeksha, gidan da iyayensa ke zaune. Yana da shekara 57, yana rina gashi yana bin 'yan matan da ya haifa a cikin waƙa, masu kallo na kau da kai.

Abin da ya yi a wannan gaɓa shi ne, a wurina, ya fi duk wani faɗa da ya taɓa yi a fim. Kamar yadda ya sha faɗa, wata safiya ya taka da ƙafa zuwa gidan Yash Chopra, daraktan Deewaar, wanda ke kusa da shi a unguwar Juhu, ya ce masa ba shi da aiki, ya taimaka masa da aiki. Mutumin da ƙasa guda ta yi wa addu'a ya je roƙon rawa. Aka ba shi ta tsohon shugaban makaranta mai taurin kai a Mohabbatein, Shah Rukh Khan ne jarumi, shi kuma dattijon da za a lanƙwasa. Ya bar furfurar gemunsa ta fito, bai ƙara ɓoye ta ba.

A shekarar dai, 2000, ya karɓi abin da manyan taurari ke gani a matsayin faɗuwa: aikin talabijin. Na kusa da shi sun ba shi shawarar kada ya yi. Ranar 3 ga Yuli tashar Star Plus ta fara nuna Kaun Banega Crorepati, gasar kacici-kacici da aka aro daga Ingila, mai kyautar rupi miliyan 10. Indiya ta ga wani Amitabh da ba ta sani ba, mai ladabi, mai tashi tsaye ya tarbi malamin firamare ko matar manomi, ya gyara musu kujera, ya miƙa musu ruwa idan sun rikice, yana magana da tsabtatacciyar Hindi irin ta gidan mahaifinsa. Tituna suka riƙa yin tsit da ƙarfe tara na dare. Da kuɗin wannan shiri da tallace-tallace da finafinai ya biya bashinsa. Ban da zango na uku a 2007 da Shah Rukh ya gabatar, shi ke riƙe da shirin shekara da shekaru.

Da ya sauke rawanin jarumta sai ga shi ya samu irin rawar da a da ba za a ba shi ba. A Baghban na 2003 uba ne da 'ya'yansa suka raba shi da matarsa bayan ya yi ritaya, labarin da ya sa iyaye da yawa a nan ƙasar Hausa hawaye domin sun san irinsa a unguwa. A Black na 2005 malamin wata yarinya ce kurma kuma makauniya, wanda daga baya cutar mantuwa ta kama shi. A Paa na 2009 ya fito a yaro ɗan shekara 12 mai cutar tsufa da wuri, ɗansa na cikinsa Abhishek kuma ya fito a mahaifinsa. A Piku na 2015 tsoho ne mai mita da ba shi da zance sai na cushewar cikinsa, ya hana 'yarsa sakat. Ukun ƙarshen nan kowanne ya kawo masa lambar gwarzon ɗan wasa ta ƙasa. Wato cikin huɗun da yake da su, uku ya same su ne bayan ya haura shekara 60, ɗaya tak a zamanin da yake sarki. Ya yi tarkacen finafinai ma a wannan zango, kuma tallace-tallacen da yake karɓa sun yi yawa har sun gundiri mutane. Amma ko a nan muryar ta yi aikin alheri: shi ne fuskar yaƙi da cutar shan inna a Indiya, a shekarun da Indiya da Najeriya da Pakistan da Afganistan ne kaɗai suka rage da cutar, har aka tabbatar da Indiya ta rabu da ita a 2014. Ya kuma fito fili ya ce ya yi fama da tarin fuka a 2000, domin masu ɓoye cutar su je asibiti.

Gwamnatin Indiya ta ba shi lambar Dadasaheb Phalke, mafi girma a harkar fim ɗin ƙasar, a ƙarshen 2019, shekara 50 cif da fitowarsa ta farko. Korona ta kwantar da shi a asibiti a Yulin 2020, ya tashi ya koma aiki. A 2024, yana da shekara 81, ya fito a Kalki 2898 AD a matsayin wani tsohon mayaƙi na tatsuniyoyin Hindu, da yawan masu sharhi kuma suka ce shi ya fi jan hankali a fim ɗin, duk da matasan taurarin da ke ciki. Tun 2008 kusan kullum sai ya rubuta wa masoyansa wani abu a intanet kafin ya kwanta. Kowace Lahadi da yamma kuma, idan yana gari, jama'a na cika titin gaban gidansa Jalsa a Juhu, al'adar da ta faro tun bayan raunin 1982. Yakan cire takalmi, ya hau wani ɗan dandamali a bakin ƙofa, ya haɗa hannu biyu ya gaishe su, ya ɗaga musu hannu na 'yan mintuna, sannan a rufe ƙofa.